Muryar da Aka Goge

Har gonarta ta Dungas daraktan fim ɗin da ta fito a ciki ya biyo ta da na'urar ɗaukar murya, ya durƙusa a tsakiyar gero.

"Ki rufa mini asiri, ƙanwata. Yarjejeniyar ƙasashen biyu da suka haɗu kan aikin nan ta ce sai an ji muryar 'yar Nijar, in ba haka ba fim ɗin ba zai fita ba."

Bara, garin nan kaf ya taru kallon tallar fim ɗin. Bakinta na motsi, muryar wata Bakanuwa na fita. Daraktan ya goge tata, wai ta ƙauye ce. Har yau yara na kwaikwayonta.

"Kunna," ta ce.

Ta matso kusa da mikro, ta motsa leɓɓanta daga farkon maganganunta na fim ɗin har ƙarshe, ko tari bai fito ba.

"Ga bakin nan. Je ka nemo mai muryar."