Sunan Ɗan Fari a Bakin Inna

Tun da Hukumar Harajin Waya ta soke lambobi, ba ka samun mutum sai ka ambaci sunansa da bakinka, don a san wanda ya kira wane. Kowa ya saba, ban da Inna Kulu, wadda tun ranar suna ba ta taɓa faɗin sunan ɗanta na fari ba. Ga mahaifinsa kwance ba lafiya, shi kuwa yana can Fatakwal.

Ta kai wayar bakinta. "Kira mini wancan yaron."

"Babu mai wannan suna," in ji wayar.

Ta gwada "Yayan Ladi", ta gwada "Babban gida", duk a banza. Sai ta leƙa ta katanga wajen maƙwabciyarta Asabe.

"Ke faɗa wa wayar sunan mana."

"Wallahi Inna, muryarki kaɗai za ta karɓa. Ni ma haka ta sa na faɗi sunan maigidana, har yau kunyarta nake ji."

Inna ta shige ɗaki, ta saki labule, ta ja mayafi ta rufe fuska, sannan ta raɗa, "Ɗahiru."

"An adana," wayar ta ce. A ina, kuma don wa? Oho.

Can ya ɗauka, ko sallama babu. Ashe wayarsa da muryar mai kira take yin ƙara.

"Inna," ya ce, "ashe haka yake a bakinki?"

"Kai, rufe mini baki! Babanka ba lafiya, ka taho."

"Yau zan taso. Amma Inna, ki kashe ki sake kira. Ban ji da kyau ba."