Ranar Da Muryar Lantana Ta Shaƙe

Tun da aka gano kowane mutum na da lamba, kowace lamba kuma na da waƙarta, wanda aka daina rera wa tasa sai ya dushe. Lantana ke rera ta mijinta Jatau kullum, sai ga mura ta shaƙe mata murya. Da hantsi ta ga rana na ratsa tafin hannunsa.

"Malam, je mai goge ya kaɗa maka," ta ce da raɗa.

"Ai bai san inda kike kuskure ba. Da kuskuren nan nake tsaye."

Ta kifa ƙwarya, ta kaɗa lambar da yatsu, har da kuskuren. Kafin ta ƙarasa, tsohon ya yi nauyi a tabarma, yana cigiyar kokonsa.