Mijin Inna Gapsun Ya Zama Biyu

Chilbok na ƙofar shago yana yanka kabeji yana tari, sai ga Chilbok ya shigo jiƙe sharkaf, da ganyen bado a ka.

A'a, ba hannuna ne ya goce ba. Haka tafkinmu na Solnae yake. Duk abin da zai ɓace maka gobe, yau yake fitowa daga ruwan. Ka tsinci takalminka a bakin tafki, ka dawo gida ka tarar da shi a ƙofar ɗaki, sun zama biyu ke nan. Washegari ko ta yaya sai na gidan ya salwanta, ko kare ya ja, ko ka manta shi a kasuwa. Daɗin abin, na tafkin sabo fil yake fitowa. Tukunyar da ta lotse ta miƙe, rigar da ta yage ta haɗe. Amma fa ba a yi masa wayo. In ka ɓoye abu ka san inda yake, tafki ko kallonka ba zai yi ba. Sai ya ɓace maka da gaske.

To takalmi dai an saba. Miji fa?

"Kai wane ne?" in ji Chilbok mai tari, wuƙa a hannu.

"Mijin Gapsun," in ji jiƙaƙƙen. Abin da ya sani ke nan duk duniya, sai hanyar gida. Ruwan ya wanke masa kai tas.

"Mijin wa? Uban wa ya ba ka?"

"Ku rage min murya, masu cin taliya na kallonku," in ji Inna Gapsun. Ta ciro tsumma mai ɗumi daga saman murhu ta jefa wa jiƙaƙƙen, ta zuba masa miya, ta ci gaba da murza ƙullinta.

Ita Inna Gapsun kanta fari fat, bayanta har ya soma rusunawa. Chilbok kuwa ko furfura ɗaya babu. Mu yara mukan tsokane shi, wai tukunyar taliya ya aura aka haɗa masa da kaka kyauta. Ba ya jin haushi. Shi kansa bai tuna yadda aka yi auren ba, don an ce ya taɓa faɗawa ruwa yana buge da giya, komai na da ya goge. Mutum ne da tsakanin ɗaki da banɗaki sai ya yi ɓatan kai. Ga tarin nan da ya sa shi gaba tun bara, har mai magani ya zo ya taɓa ƙirjinsa, ya ja Inna gefe suka yi ƙus-ƙus.

Yanzu dai lissafi ya fito masa fili: gobe shi ne takalmin gida.

"Ba inda zan je!" Ya rungume dutsen niƙa. "Gapsun, ɗaure ni a nan. Igiya biyu. In ga ta inda zan ɓace in bar wa wannan kwaɗon matata."

"Kwaɗo dai da ya fi ka numfashi," in ji ɗayan, baki cike da taliya.

Tsoho Pandol mai gadin tafki, wanda ya rako jiƙaƙƙen, shi ya yi ɗaurin. Ya ƙi yarda su haɗa ido da mai tarin. Inna ta dafa wa wanda aka ɗaure naman agwagwa da ya fi so, ta dinga ba shi a baki da tsinke yana yi wa kishiyansa gwalo.

Gari ya waye da hazo, irin wanda ba ka ganin tafin hannunka. Chilbok ya buɗe ido, ya shafa kansa, ya shafa dutsen. Yana nan!

"Ka gani ko?" Inna ta ce tana kwance igiyar. "Ka kwana ka tashi. Tafkin ma ya tsufa, ya soma ƙarya."

Ku zo ku ga rawa. Ya zagaye ɗayan yana tafi yana tari. "Sai ka koma wajen 'yan'uwanka kifaye, malam!"

"To ya isa," Inna ta ce wa mai tarin. "Citta ta ƙare min. Maza tsallaka gonar gora ka siyo a kasuwar can."

Ya ɗau kwando ya fita yana fito, hazo ya haɗiye shi tun daga bakin ƙofa. Inna ta juya ta fuskanci bango, ta toshe kunnuwanta da yatsu sosai, don kada ta ji ta wane ɓangare tarin ya bi. Ta daɗe a haka.

Tsoho Pandol ne ya sauke mata hannuwan, gemunsa jiƙe da hawaye. "Inna, duk sanda tarin ya dawo haka za mu yi ta yi? Har yaushe?"

Ta share ido da gefen zani, ta leƙa ciki, inda saurayin da ya fito daga tafki ke zuƙar miya ko tari ɗaya babu.

"Har ranar da ba ni nan. Goge fuskarka ka je ka gaida ubanka."