Wankakken Akushi

Akushin Felista ne kaɗai yake dawowa daga daji a wanke.

Kowace safiya iyaye mata sukan jera tuwon rogo a gindin kukar bakin gari, su juya su koma gida. Daga nan zuwa bukkar likumbi, inda aka yi wa 'ya'yansu kaciya ake koya musu zama maza, mace ba ta taka ƙafa, ba ta kuma tambaya. Da yamma sai su tarar da akusansu a wurin, duk busasshen tuwo da shatin yatsu. Ba abin mamaki ba ne a kan tudun Muweda, inda sai mace ta gangara kwari ta hauro da tulu a ka kafin a ga ruwa. Wa zai ɓata shi a kan akushi?

Da farko na Felista ma haka yake dawowa. Ranar da ya fara zuwa fes, sai da ta ɗaga shi sama kowa ya gani.

"Ku kalli aikin Atanasi," ta ce. "Ɗan gidan tarbiyya ko a daji ba ya ɓuya. Naku kuwa ko kare aka ba ya lashe, da ya fi haka kyan gani."

Bakin Felista ba baƙo ba ne a garin, amma ba wanda ya sha shi kamar maƙwabciyarta Bibiyana, wadda ɗanta ya shiga likumbi shekarun baya bai fito ba. Muddin yaro yana daji, uwarsa ba ta wanka, ba ta shafa mai, ba ta kusantar miji, don an ce in ta karya, ciwon kaciyar ba ya warkewa. Felista ce ta fara faɗa a bakin rafi cewa Bibiyana kasa haƙuri ta yi, ta kashe abinta da kwaɗayin shimfiɗa. Maganar nan ta bi baiwar Allah har mijinta ya bar ta.

Ran nan Bibiyana ta miƙa hannu ta karɓi akushin. Ta juya shi, ta shinshina, ta daɗe tana kallonsa. Sai ta yi murmushi, abin da aka manta tana yi.

"Maman Atanasi, yaron nan yana buƙatar ci," ta ce. "Tuwo da miyar ganye kawai za ki riƙa aika masa, ga kaji cike da gidanki?"

Felista ba ta yarda da ita ba. Ruwa ba ya tsami banza, kuma Atanasi shi ke nan gare ta. Tun daga ranar ta daina barin abincin a gindin kuka. Sai ta tsaya har yayanta Kosme ya fito, shi da ya kai yaron daji a matsayinsa na kawu, ta danƙa masa hannu da hannu.

"Yaya, yana dai lafiya?"

"Mace ba ta tambaya," in ji Kosme, idonsa a ƙasa.

Shawarar kaji kuwa ta shige ta, don ba ta son a ce wata ta fi ta. Aka yanka ta farko, aka yanka ta biyu. Bibiyana ta zama kamar 'yar gida, ita ce figa, ita ce ɗebo ruwa, har gishirinta take kawowa. Felista tana karɓa tana sa ido, ba ta taɓa barin ta kusa da tukunya ba. Kullum akushi ya dawo a wanke sai ta sauke ajiyar zuciya, ta ce yau ma mayyar ba ta samu sa'a ba.

Wata rana ta sa kabewa a miyar, abin da Atanasi ko ƙanshinsa ba ya so. Akushi ya dawo fes. Ta zaga gari tana faɗin daji ya mai da ɗanta namiji. Da kaji suka ƙare, Bibiyana ta tuna mata da akuya. Kosme dai kumatunsa sai cikowa suke, amma ya daina zama a gidan ƙanwarsa ko na shan ruwa.

Ranar fitowar yaran ganguna suka cika gari. Dodon rawa ya fito da fuskarsa ta itace yana kora yara. Felista ta yi wanka, ta shafa mai, ta rungumo sabon mayafin da ta saya wa ɗanta. Yaran suka jeru jikinsu yana ƙyalli, kawunansu a lulluɓe, kowane da kawunsa a bayansa. Iyaye mata suka shiga ɗaga lulluɓi suna guɗa.

Felista ta ɗaga na farko, ba shi ba ne. Ta ɗaga na gaba. Tana dariya ta fara, kafin ta kai tsakiya dariyar ta ɗauke. A ƙarshen layin Kosme ne tsaye, babu kowa a gabansa, riƙe da akushinta a kife.

Ta kurma ihu ta yi kan Bibiyana, ta cakumi wuyanta.

"Ke ce! Mayya! Me kika sa masa a abinci?"

Bibiyana ta ɓamɓare yatsunta ɗaya bayan ɗaya, ta gyara zaninta, ta yi magana yadda duk matan za su ji.

"A abincin wa, Maman Atanasi? Yayanki ga shi nan garau. Maza ba sa ɓata ruwa sai a kan akushin mamaci, nawa ma haka ya riƙa dawowa fes."