Fagen da Nyokabi ta Yanke

Nyokabi ta buga tebur a ofishin masu tace fina-finai a Nairobi.

"Shekara huɗu ina haɗa fim ɗin nan! Labarin matan ƙauyenmu ne da aka kora daga gonakinsu. Ina laifinsa?"

Dattijuwar da ke bayan teburin ta ce, "Zauna, 'yata. Da har mun amince da shi. Ƙorafi ne ya shigo, wai zai tada rikicin ƙabilanci, shi ya sa muka haramta shi."

A waje Wafula na jiranta, furodusanta kuma amininta tun suna makaranta. Duk makon nan shi ke yawo gidajen rediyo yana caccakar hukumar.

"Share hawayenki, 'yar'uwa," ya ce. "Yau kaɗai masu shirya bukukuwan fim uku sun kira ni daga Turai."

"Ni ba don Turawa na yi shi ba. Na yi wa matan nan alkawari su za su fara gani."

Washegari lauyanta ya samo mata kwafin ƙorafin. Babu suna, amma an jero wuraren da aka ce suna da haɗari, har da fagen ƙona rumbunan masara.

Wannan fagen ta yanke shi tun kafin a kai wa hukuma fim ɗin. Ban da ita, mutum ɗaya ne ya taɓa ganinsa.

Ta kira Wafula.

Ko musu bai yi ba. "Haba Nyokabi, godiya ya kamata ki yi min. Kafin a haramta shi, wa ya san ki?"