Wutar Gawar Baba

Ba ni na sa wa gawar babanmu wuta ba, alhali ni ne ɗan fari, wanda al'adarmu ta ƙona gawa ta ba wa wannan aikin.

Baba mai ba da labaran alloli ne a haikali. Yana gargara ya ce, kamar sarakunan labaransa, wanda ya warware kacici-kacici shi zai riƙe wutar.

"Mene ne ruwan Ganga, koginmu mai tsarki, ba ya wankewa?"

Na ce, "Baƙin gindin tukunya."

Ƙanena ya ce, "Butulci." Baba ya ce shi ya canka.

Ni na yi jinya, ni na saro itacen ƙona gawar. Wuta na ci, ƙanena ya raɗa mini, "Yaya, daina kumbure-kumbure mana. Baba ne ya faɗa mini amsar."

Ban tsaya zuba tokar gawar a kogi ba. Har yau ban koma garinmu ba.