Muryar da Fa'izu Ya Je Nema

Fim ɗin ba shi da wani abin a zo a gani. Macijin da ke cikinsa na roba ne, har zaren da ake jansa da shi ana hangowa. Gashin bakin jarumin kuwa yakan karkace idan faɗa ya yi zafi. Amma duk ranar kasuwar Gwaram sai an sa shi a gidan kallo, 'yan kallo suna bin maganganun kamar masu hadda.

Fa'izu tela ya kalle shi sau arba'in da ɗaya. Shi ba macijin ne ya dame shi ba, muryar da aka ɗora wa jarumar da Hausa ce, siririya mai ɗan rawa. Ya rantse ba zai yi aure ba sai da mai muryar nan. An nuna masa 'yan mata uku, ya ce muryarsu ta yi kauri.

Da ya gano a Birnin Kudu aka yi fassarar, sai ya bi hanyar da ta dace. Ya sayi goro, ya durƙusa gaban Baffa Haladu, ƙanin mahaifinsa, wanda dama kowace Laraba yana can wajen sarin taki.

Baffa ya daɗe yana shafa gemu. Ya kurɓi ruwan zumarsa, don shi ko da bazara ba ya shan ruwan sanyi.

"Za a bincika," in ji shi.

Makon farko ya dawo ya ce an yi mata miji. Fa'izu ya ce ai ba a ɗaura ba. Na biyu ya ce ta girme shi nesa ba kusa ba. Fa'izu ya ce ya ji ya gani. Na uku ya ce danginta ba su da kirki, ya san su ciki da waje.

Abin ya yi wa Fa'izu ciwo ƙwarai. Ya tabbata Baffa ya ga yarinya ya yi wa kansa kamu. Laraba ta huɗu ya hau babur ya bi bayansa.

Shagon da Baffa ya shiga ɗan ƙarami ne, an lulluɓe bangonsa da kwalayen ƙwai. Tun daga ƙofa ya jiyo ta tana kuka, tana roƙon wani azzalumi ya yi mata rai. Takalman Baffa kuwa ga su a bakin labule, ko kunya babu.

Ya fizge labulen.

Mutum ɗaya ne a ɗakin: Baffa Haladu, ya matse hanci da yatsu biyu, ya kawar da gemu gefe don kada ya taɓa makirfo.